Paulus Potter, mai zanen shanu na ƙasar Holan

1. Ƙasar ruwa da ciyawa

A kasuwar Dole ta Damagaram, idan mace tana son atamfa mai tsada, sai ta ce a ba ta ƴar Holan. Holan sunan wata ƙasa ce ta Turai. Tana bakin teku, arewa da Faransa da Beljik. Ƙarama ce ƙwarai, Nijar ta ninka ta wajen sau 30.

Ƙasar Holan a shimfiɗe take. Ba a ganin manyan duwatsu irin waɗanda ke cikin Birni. Ana ruwan sama a kowane wata na shekara. Wajen kashi ɗaya cikin huɗu na ƙasar kwari ne, ruwan teku ya fi shi tudu. Don haka mutanen ƙasar suka gina dogayen ganuwoyi na ƙasa don su tare ruwa. Suka kafa injuna masu manyan fukafukai, iska na juya su, suna kwashe ruwa daga fadamu. A shekara ta 1612 suka ƙafar da wani babban tabki mai suna Beemster, wurin ya zama gonaki da makiyaya.

Inda ruwa ya wadata, ciyawa ba ta yankewa. Inda ciyawa take, shanu na ƙiba. Mutanen Holan sun yi arziki da fatauci cikin teku, sun kuma yi arziki da nono da man shanu da cuku. Shanunsu ba su da tozo, ƙahoninsu kuma gajeru ne.

A wannan ƙasa aka haifi Paulus Potter, mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana zanen dabbobi. Ya rasu kusan shekara 80 kafin a kafa sarautar Damagaram, amma har yau mutane na zuwa daga nesa don su ga aikinsa.

2. Ɗan mai zane

An haifi Paulus a ƙarshen shekara ta 1625, a garin Enkhuizen, wani gari na masunta a bakin ruwa. Sunan ubansa Pieter Potter, sana'arsa zanen hotuna. A 1628 gidansu suka koma garin Leiden, a 1631 kuma suka koma babban birnin Amsterdam. A can uban ya taɓa aikin fatu na ɗan lokaci. Ana yi wa fata ado mai ruwan zinariya, masu kuɗi na saye suna lulluɓe bangon ɗaki da ita. Aikin ya yi kusa da na dukawan Damagaram, masu yi wa jaka da sirdi ado.

Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Paulus ya koyi zane a ɗakin aikin ubansa. A zamanin nan ba a sayar da fenti cikin gwangwani. Yaron mai zane shi ke haɗa shi. Yana samun jar ƙasa, ko rawayar ƙasa, ko ƙashin da aka ƙona ya yi baƙi. Sai ya zuba a kan dutse mai sulɓi, ya ɗiga man wani tsiro da ake kira lin, ya yi ta niƙa har abin ya yi laushi. Haka majema ke samun jan rini daga karan dafi, marina kuma ke samun shuɗi daga baba. Yaron shi ke wanke buroshi, shi ke ɗaure ƙyalle a jikin katako ya ja shi ya yi tauri kamar fatar ganga. Sai ya iya waɗannan duka kafin a bar shi ya zana ko da kunnen akuya.

A 1643, yana ɗan shekara 17 ko 18, ya zana hoton wani makiyayi da shanunsa a kan farantin jan ƙarfe. Ana shafa wa irin wannan faranti tawada, a danna shi kan takarda, hoto ya fito kamar yadda hatimi ke fitowa. Da faranti ɗaya ana buga hotuna da yawa.

A 1646 ya shiga ƙungiyar masu zane ta garin Delft. A Holan ta lokacin, kowace sana'a tana da ƙungiyarta da shugabanninta, kamar yadda maƙera da mahauta da magina ke da sarakunansu a ƙasar Hausa. Wanda ƙungiya ta karɓa, shi ke da izinin sayar da aikinsa a garin, ya kuma ɗauki yara ya koya musu.

3. Yadda yake aiki

Masu zane da yawa na sa dabba cikin hoto don cika wuri kawai. Su zana babban mutum a tsakiya, sa'an nan su ƙara kare ko doki a gefe. Paulus ya juya abin. A hotunansa dabba ce a gaba, mutum na baya.

Wani marubuci mai suna Arnold Houbraken ya tattara labaran masu zanen Holan, shekaru da dama bayan rasuwar Paulus. Ya ba da labari cewa ko yawo Paulus ya fita, akwai ɗan littafi a aljihunsa. In ya ga wata dabba ko wani itace da ya ba shi sha'awa, sai ya tsaya ya zana nan take.

Saniya ba ta tsayawa don a zana ta. Tana kaɗa wutsiya, tana juya kai, tana tafiya. Mai son zanen ta sai ya yi haƙuri. Paulus ya duba yadda saniya ke durƙusawa da ƙafafun gaba kafin ta kwanta. Ya duba yadda take tashi, ƙugu ya riga ƙirji ɗagawa. Ya duba yadda take tuƙa, muƙamuƙi na tafiya gefe-gefe. Ya duba inda gashi ya kwanta da inda ya murɗe. Abin da ya zana cikin ɗan littafin nan shi yake kawowa gida, ya zauna ya mai da shi hoto mai launi.

Irin wannan kallo makiyayi ke yi. Bafulatanin da ke da shanu 50 ya san kowace da sunanta, da uwarta, da halinta. In ɗaya ta ƙi kiwo da safe, ko kunnenta ya sauka, ya gani tun kafin ciwo ya kayar da ita. Baƙo kuwa garke kawai yake gani.

4. Babban bijimi

A 1647, yana ɗan shekara 21, Paulus ya yi hoton da ya fi kowane suna cikin ayyukansa. Ana kiransa Bijimi. Tsayin ƙyallen ya kai metir 2 da santimetir 36, faɗinsa metir 3 da santimetir 39. Ya fi allon aji girma. Da farko ƙyallen bai kai haka ba. Paulus ya ɗinka masa ƙari a sama da gefe, don ya sami wurin sauran dabbobi.

Ga abin da ke cikin hoton. Wani jan bijimi na tsaye, girmansa kamar na mai rai. Ya juyo kai yana duban mai kallo, miyau na zuba daga bakinsa. Kusa da shi saniya na kwance. A gefenta akwai rago da tunkiya da ɗanta. Bayan itace wani dattijo mai gemu da malafa na tsaye, shi ne mai dabbobin. Can nesa ana hangen fili mai ciyawa, da shanu ƙanana-ƙanana, da sama mai hadari. Wanda ya matso kusa zai ga ƙudaje a bayan bijimin, da kwaɗo zaune a ƙasa, da kashin shanu kusa da kofato.

Mutanen zamanin ba su saba ganin irin wannan ba. Ƙyalle mai girma haka yana da tsada, fenti ma haka. Sarakuna ake zanawa a kansa, ko manyan yaƙoƙi, ko labaran littattafan addini. Hoton dabba kuwa ƙarami ake yi, wanda za a rataya a lungun ɗaki. Sai ga wani saurayi ya ɗauki wurin sarki ya ba bijimi, bai ko kore masa ƙuda ba.

Ba kowa ne wannan hali ya gamsar ba. Houbraken ya ce wata gimbiya mai suna Amalia ta sa Paulus ya yi mata hoton gidan gona. Da aka gama, sai aka ga wata saniya na fitsari a ciki. Aka ce wannan bai dace da ɗakin gimbiya ba, aka ƙi karɓa. Wasu suka saya. Yau hoton na wani babban gidan kallo mai suna Ermitaj, a birnin San Petersburg na ƙasar Rasha.

5. Shekarun bijimin nawa?

A kasuwar dabbobi, mai sayen sa ba ya dogara ga maganar dillali kaɗai. Yana buɗe bakin san ya duba haƙora. Sa ba shi da haƙoran gaba a sama, a ƙasa yake da su, guda 8. Na maraƙi ƙanana ne, na nono. In ya kai wajen shekara 2, biyun tsakiya su faɗi, manya su fito. Daga nan bibbiyu suke sauyawa, har zuwa wajen shekara 5, lokacin da duka 8 suka zama manya.

Masana kiwo sun yi wa bijimin Paulus irin wannan dubawa. Suka ga abin mamaki. Ƙahoninsa da fatar da ke reto ƙarƙashin wuyansa na ɗan shekara 2 ne. Haƙoransa na wanda ya kusa shekara 4 ne. Kafaɗunsa na riƙaƙƙen sa ne, cinyoyinsa kuwa na ƙaramin sa. Babu bijimi ɗaya mai wannan jiki.

Dalili shi ne, Paulus bai shigo da bijimi cikin ɗaki ba. Zane-zanen da ya tara ya duba, ya ɗauki kai daga wannan, kafaɗa daga wancan, ya haɗa. Kowace gaɓa daidai take, don da idonsa ya gan ta. Wajen haɗawa ne shekarun suka saɓa. Dubban mutane sun tsaya gaban hoton nan ba su lura ba, sai waɗanda suka san shanu.

Wani Bafaranshe mai zane, Eugène Fromentin, ya rubuta ra'ayinsa kan hoton a 1876. Ya kushe dattijon da tumakin, ya yaba bijimin da sararin sama. Aikin saurayi ne da bai gama koyo ba, amma inda ya fi daɗewa yana kallo, nan hannunsa ya fi kyau.

6. Shari'ar maharbi

Paulus ya zana dawaki, da karnuka, da awaki, da aladu, da namun daji. Yana da wani hoto mai kama da tatsuniya, ana kiransa Hukuncin maharbi. Shi ma yana Ermitaj. An raba shi gida 14. Ƙananan gidaje 12 na kewaye, yawancinsu na nuna yadda mutum ke farautar namun daji. Manyan gidaje 2 na tsakiya.

A gidan sama na tsakiya, dabbobi sun kama maharbi. Sun ɗaure masa hannu, sun kawo shi gaban zaki, sarkin dawa. Giwa da sauran manya na zaune wajen shari'a. A gidan ƙasa an yanke hukunci. An rataye karnukan maharbin a itace, shi kuma an ɗora shi kan wuta, dabbobi na rawa don murna.

Hoton na ba da dariya, yana kuma sa tunani. Da jakin da aka yi wa lodi ya wuce ƙarfinsa zai kai ƙara, me zai ce? Da san amalanke mai gyambo a wuya zai yi magana, wa zai kira? Mutumin da ya daɗe yana duban dabba ya san tana jin yunwa da ƙishirwa da zafin bulala.

7. Gajeren kwana

A 1649 Paulus ya zauna a birnin Lahe, wanda masu ƙasar ke kira Den Haag. A 1650 ya auri Adriana, ƴar wani babban magini na birnin. A 1652 wani sanannen likita mai suna Nicolaes Tulp ya gayyace shi ya koma Amsterdam. A can ya zana ɗan likitan bisa doki.

Amma ciwo ya riga ya kama shi. Tarin fuka ne. A lokacin ba wanda ya san abin da ke kawo shi, ba kuma magani. Sai a 1882 wani likitan Jamus, Robert Koch, ya gano ƙwayar cutar. Yau ana warkewa, in mai tari ya je asibiti da wuri, ya sha magani wata 6 ba fashi. Paulus bai ga wannan zamani ba. An binne shi a Amsterdam ranar 17 ga Janairu 1654, yana da shekara 28. Cikin ƴan shekarun da ya yi yana aiki, ya bar hotuna masu launi wajen 100.

Bijiminsa ya yi tafiyar da shi bai yi ba. A 1749 hoton ya shiga hannun gidan sarautar Holan. A 1795 sojojin Faransa suka ci ƙasar, suka kwashe hotuna masu daraja zuwa Paris, har da Bijimi. Ya yi shekara 20 a gidan kallo na Luvur, mutane na tururuwa wajensa. Bayan an ci Napoleyon da yaƙi a 1815, aka mai da shi gida. Yana gidan kallo na Mauritshuis, a birnin Lahe. A 2024 masu gyaran hotuna suka fara wanke masa dattin shekaru, a gaban idon masu kallo.

8. Masu zanen dabbobi a Nijar

Tun kafin a san Holan, an yi masu irin wannan ido a ƙasar Nijar. A Dabus, arewa da Agadas, kusa da duwatsun Abzin, akwai raƙuman dawa biyu da aka sassaƙa a jikin dutse. Babban ya fi metir 5 tsawo. Masana sun ce an yi su shekara 6000 ko fiye da suka wuce, lokacin da wurin ke da ruwa da itatuwa. Ba a san sunan masu aikin ba. Amma sun fitar da dabbare-dabbaren jikin dabbar ɗaya bayan ɗaya, kamar yadda Paulus ya fitar da gashin bijiminsa. Yau babu raƙumin dawa a Abzin. Dutsen ne ke shaida cewa an taɓa yin su a can.

A Damagaram ma hannu bai rasa gwaninta ba. Maginan Birni da Zango na yi wa fuskar gida ado da zane. Masu sassaƙar ƙwarya, da dukawa, da masu ɗinkin riga, kowa na da nasa. Yara kuma na gina shanu da raƙuma da yumɓu bayan ruwan sama, su sa ƙaya ko tsinke a wurin ƙaho.

Dabbobin zanawa kuwa ga su a ƙofar gida. Akwai jajayen shanun Bororo masu dogayen ƙahoni. Akwai na Azawak masu yawan nono. Can gabas, wajen tabkin Cadi, akwai na Kuri masu ƙahoni kumburarru, waɗanda ba su da tozo, kamar na Holan. Akwai jan akuyar Maraɗi, da raƙuman ayari, da dawakin fada ranar hawan salla. Paulus bai taɓa ganin ko ɗaya daga cikinsu ba. Ɗan lakwal na Damagaram yana ganinsu a kan hanyarsa ta zuwa aji. Abin da ya rage masa shi ne ya tsaya, ya duba da kyau, ya ɗauko alli.

Ma'anar kalmomi

bijimi: namijin saniya wanda ba a dandaƙe ba.
tozo: tudun kitse da ke bisa kafaɗar sa ko bayan raƙumi.
tuƙa: dawo da abinci daga ciki zuwa baki don a sake tauna shi.
buroshi: ɗan sanda mai gashi a baki, da shi ake shafa fenti.
majemi: mai gyaran ɗanyar fata. Jam'i, majema.
baduku: mai ɗinkin fata. Jam'i, dukawa.
gidan kallo: gidan da ake ajiye kayan tarihi da hotuna don jama'a su gani.
tarin fuka: ciwon huhu mai sa dogon tari da rama, ana ɗaukarsa ta iska.

Tambayoyi

1. Me ya sa ciyawa ba ta yankewa a ƙasar Holan?
2. Wa ya koya wa Paulus zane? Waɗanne ayyuka yaron mai zane ke yi?
3. Ku faɗi dabbobi biyar da ke cikin hoton Bijimi.
4. Me ya sa girman hoton ya ba mutane mamaki?
5. Yaya ake gane shekarun sa a kasuwa?
6. Me masana kiwo suka gano a jikin bijimin? Mene ne dalili?
7. An yi hoton a 1647, aka kai shi Paris a 1795. Shekara nawa ke tsakani?
8. Ina kamar aikin Paulus da aikin mutanen Dabus take?

Aiki

1. Ku ɗauki metir, ku auna tsayi da faɗin hoton Bijimi a filin lakwal, ku shata da tsinke. Yara nawa za su iya tsayawa a ciki?
2. Kowa ya zaɓi dabba ɗaya a gidansu ko a unguwarsu. Ya dube ta kwana uku, safe da yamma. Ya rubuta abu biyar da bai taɓa lura da su ba. A rana ta huɗu ya zana ta.
3. Ku kai zanenku wurin wani makiyayi ko dillalin dabbobi. Ku tambaye shi inda aka yi daidai da inda aka yi kuskure. Ku rubuta abin da ya faɗa, ku sake zanen.
4. Ku nemi sunayen dabbobin da ke cikin wannan darasi da Faransanci, ku rubuta su kusa da na Hausa.
5. Ku shirya wasan kwaikwayo: jaki ya kai ubangidansa ƙara gaban zaki. Wa zai ba da shaida? Wane hukunci ya dace?